Malam Mas'ud Mai Rumbu da Faifan Gonar Baba

Kafin ya taɓa kowace na'ura, Malam Mas'ud sai ya wanke hannu. Haka na san shi. Da hantsi yake isowa shagonsa da ke layin teloli a bakin kasuwar Ƙanƙara, ya jingine tsohon kekensa, ya ɗauki buta da guntun sabulu ya wanke hannu tas kamar wanda zai ci tuwo a gidan surukai, sannan ya buɗe ƙofa. Ya yaye zanen da yake lulluɓe kwamfutarsa da shi, ya leƙa batirin sola, ya zauna. In akwai faifan da aka kawo masa, sai ya ɗaga shi ta gefe da yatsa biyu, ya karkata shi wajen hasken ƙofa, ya daɗe yana kallo. Daga nan ɗayan biyu za ka ji: ko ya ce, "Wanga zai yi," ko ya ce, "Wanga sai haƙuri."

Ni Sha'ibu ne, tela. Bango ɗaya ya raba shagona da nasa tun gemuna yana baƙi wuluk. Ban taɓa riƙe abin buga gem ba, wato wasan nan na talabijin, ba ni kuma da niyya. Har gobe ban gane abin da ke sa ƙarti masu iyali su zauna gaban talabijin suna ihu a kan ƙwallon da ba ta taɓa ƙasa ba. Na faɗi haka ne don kada wani ya ce son wasan ne ya sa ni wannan rubutu. Mutumin ne ya sa ni. A ƙarshen watan nan zai rufe shago ya koma gonarsa ta 'Yargoje saboda idanunsa sun gaji, na duba kuma ban ga mai shirin ce masa sannu a gaban jama'a ba.

Ga wanda bai san sana'ar ba, ga yadda take. A garuruwanmu akwai gidajen gem: ɗaki ko rumfa, benci, talabijin biyu ko uku, da akwatin wasa da ake sa wa faifai. Da wannan mai gidan yake ciyar da iyalinsa. Shi kuwa faifai ba shi da ƙwari ko kaɗan, kuma a wajenmu ba a raga masa. A damƙe shi da hannun da ya gama da ƙosai, a goge shi da bakin riga, wani ya shafa masa makilin wai zai cike masa karce, a cusa shi a aljihu a hau babur a bi hanyar Sabuwa da ramukanta. Ba a jima ba sai wasa ya tsaya cak ana tsakiyar bugawa, ko akwatin ya yi ta gurnani ya ƙi karantawa. A da in haka ta faru sai a nufi Funtuwa ko Zariya neman wani, a samu ko a dawo hannu rabbana.

Aikin Malam Mas'ud shi ne ya kwashe abin da ke cikin faifan tun yana da lafiya, ya zuba shi a wani ɗan ƙarfe mai girman sabulun wanki. Masu sana'ar had-dis suke ce masa. Shi kuwa rumbu yake kiransa, mu ma duk muka bi shi a haka. Sai ya daidaita akwatin wasan yadda zai riƙa ɗauko gem daga rumbun kai tsaye, ba sai an sa faifai ba. Faifan asali kuma ya sa shi a leda ya miƙa wa mai shi, ya ce, "Kai shi ƙasan akwati ka aje kamar irin shuka. Kada ka hiddo shi sai ta ɓaci."

Aiki ne mai cin rai. Ba guduma, ba gumi, sai zaman jiran wani layi yana rarrafe a fuskar kwamfuta. In wuta ta ɗauke yana tsakiya, daga farko yake sakewa, ko da saura ƙiris. In ya gama kuma ba ya sallamar mutum sai ya jona rumbun a akwati ya ga wasan ya buɗe da idonsa. Na sha jin masu gidajen gem suna ƙorafi a ƙofar shagona, wai Malam ya cika nawa, motar Faskari za ta tashi ta bar su. Iyaka ya ce, "In ka koma gida ya ƙi tashi, tahiyar biyu ce."

Dokokinsa biyu ne, ban kuma taɓa ganin ya karya ko ɗaya ba. Ta farko, duk abin da ya zuba wa mutum a rumbunsa, sai ya ajiye masa irinsa a babban rumbun shago, ya kuma ajiye wani a gida. Duk kaka, in an gama yankan dawa, sai ya ɗauko manyan rumbunan ɗaya bayan ɗaya ya kara a kunne yana saurare. Wanda ya ji ya fara ƙas-ƙas a ciki, ya san kwanansa ya kusa ƙarewa, sai ya kwashe komai ya mayar a sabo. Babu wanda ya sa shi, mafi yawan masu kayan ma ba su san yana yi ba. Doka ta biyu, ba ya zuba wa mutum gem ɗin wani. Kawo naka ya kwafe maka. In ka ce ai ga shi nan a rumbunka, sai ya ce, "Yana nan, amma ba nawa ba ne."

Wannan doka ta biyu ta jawo masa baƙin jini ba kaɗan ba, kuma a kanta ne na ga abin da ya sa na ɗauki biro.

Shekarun baya wani matashi mai gidan gem a Faskari, Jabiru sunansa, siriri mai surutu kamar rediyo, ya zo da faifai ɗaya naɗe a hankici. Gem ɗin ƙwallo ne, amma ba irin na kowa ba. Ya daɗe yana zirga-zirga wajen wani abokinsa a Zariya har suka cire muryar Baturen da ke sharhin wasa, Jabiru ya sa tasa da Hausa, ya kuma canza sunayen 'yan wasan ya sa na samarin unguwarsu. Ranar da aka gwada shi a shagon Malam, ta bango na jiyo, sai da na tsayar da keken ɗinki. "Ga Bilya ya ɗauko ta! Bilya ya wuce mutum biyu, ya manta bai ci abincin rana ba!" Ni da ba ruwana da ƙwallo, sai ga ni a bakin ƙofa ina dariya da allura a baki.

Da Malam ya gama zuba masa, Jabiru ya riƙe hannunsa ya ce, "Malam, don Allah kada ka ba kowa. Shi kaɗai ke kawo mani mutane. In ya bazu na tashi aiki."

Malam ya ce, "Na ji."

Labarin faifan ya zagaya. Har daga ƙauyuka ake zuwa Faskari don a ji Jabiru yana sharhi. Wani mai gidan gem daga yankin Sabuwa, Lawwali, ya zo ya zauna wa Malam a shago tun hantsi har azahar. Ya roƙa, ya yi fushi, ya kawo zumuncin iyaye, ya ce tsakanin ƙauyensu da Faskari ai akwai nisa, Jabiru ba zai taɓa sani ba. Malam yana goge wani faifai da auduga daga tsakiya zuwa baki, ya ce, "Ni zan sani." Lawwali ya tashi ya buga ƙofa, ya tsaya a shagona yana faɗa mini wai maƙwabcina ya ɗauki kansa liman.

Shi dai Lawwalin nan, shekarar da aka rufe layukan waya aka hana sayar da fetur a jarka, ɓarayin daji suka tashi ƙauyensu. Da iyalinsa da rigar jikinsa ya fito. Da ƙura ta lafa ya samu aron akwatin wasa da talabijin a cikin garin Sabuwa, amma ba shi da gem ko ɗaya. Ya zo Ƙanƙara yana ta kame-kame, kunya ta hana shi shiga, ni na tura shi ciki. Malam bai tuna masa komai ba. Ya jona babban rumbu, ya nemo duk abin da Lawwali ya taɓa kawowa tun farkon sana'arsa, ya zuba masa a wani rumbu da ke ajiye. Lawwali ya koma ya buɗe rumfa, da ita yake ciyar da gidansa har yau. Ya faɗa mini da bakinsa cewa ranar ce ya gane wanda ya hana shi na wani shi ne ya adana masa nasa.

Jabiru kuwa Allah ya yi masa rasuwa a hanya. Ya taso daga kasuwa a kan babur ɓarayin daji suka tare shi, ba a samu ko wayarsa ba. Labarin ya iso mana, muka yi masa addu'a. Daga baya muka ji an raba gado, an sayar da akwatunan wasan, wanda ya saya kuma ya goge rumbun ya zuba nasa. Faya-fayan babu wanda ya so su, tunda yanzu kowa rumbu yake amfani da shi. Sai aka tattara su a buhu aka kai wa mahaifinsa, Malam Gide.

Malam Gide manomi ne, bai taɓa taka ƙofar gidan gem ɗin ɗansa ba. Sun sha yin sa-in-sa a kai, shi yana ganin yaron ya guje wa fartanya ya kama shiririta. Da ya ga buhun faya-fayai masu ƙyalli, sai ya yi da su abin da kowane manomi a nan zai yi. Dawa ta fara nuna, tsuntsaye sun matsa, ya ɗora ƙusa a wuta ya huda su ɗaya bayan ɗaya, ya zura igiya ya rataye a gona. In iska ta kaɗa su suka yi walƙiya, tsuntsu ba ya sauka. Ba wanda zai ga laifinsa, ni ma akwai biyu a gonata.

Lawwali bai samu zuwa ta'aziyya da wuri ba saboda hanya. Da ya je, aka ce masa dattijon yana gona, ya bi shi can. Suna cikin gaisawa ya ɗaga kai ya hangi wani faifai mai ɗigon jan fenti a tsakiya yana lilo a saman dawa. Ya san shi, don ya sha kallonsa da kwaɗayi a hannun mai shi. Ya ce, "Baba, wanga ai muryar Jabiru ce a ciki."

Dattijon ya ce, "Muryar wa?"

A gidan nan kaf babu inda muryar Jabiru ta rage. Wayarsa ta tafi tare da shi, kuma shi ba mai aika saƙon murya gida ba ne. Malam Gide ya kwance faifan da hannunsa, washegari ranar kasuwarmu Lawwali ya goyo shi a babur har Ƙanƙara.

Ina zaune suka iso. Dogon tsoho ne, busasshe, da tsohuwar riga mai tsabta. Ya zaro faifan daga aljihun gaba, igiyar tana jikinsa. Rana ta lanƙwasa shi, ruwa ya ɓare masa azurfar baya, ga hudar ƙusa baƙi ƙirin a gefe. Malam Mas'ud ya fita ya wanke hannu kamar kullum, ya karɓa da yatsa biyu, ya karkata shi wajen haske. Kowa ya ga ba sai an duba ba, amma ya duba ɗin, ya daɗe. Sannan ya ce, "Baba, wanga sai haƙuri."

Tsohon ya gyaɗa kai. Ya ce, "To. Da hannuna na kashe ta ke nan." Ya miƙa hannu zai karɓi abinsa ya tafi.

Malam ya ce, "Zauna tukuna, Baba. Mi kake ga Jabiru?"

"Ni na haife shi."

Malam ya ajiye faifan a gefe. Ya ce, "Ya ba ni ajiya, ya ce kada in ba kowa, ban kuwa ba kowa ba. Ga Lawwali nan shaida ne. Amma abin mamaci na magadanshi ne. Sai dai ban yi maka alkawari ba. Rumbun da na hwara zuba shi ya daɗe da mutuwa, na yi ta ɗauke shi daga wanga zuwa wancan, kuma tun ranar da ya tahi da faifan ban sake buɗe shi ba, don ba nawa ba ne. Ban sani ba ko zai tashi."

Aka zauna jira. Na kawo wa tsohon ruwa a kofi, ya riƙe bai sha ba. Layin nan yana rarrafe a fuskar kwamfuta, ni da na saba yi wa Malam tsiya a kan nawarsa, ranar ban iya komawa kan ɗinkina ba. Tsoro nake ji ƙwarai, kada a ce wa dattijon nan haƙuri sau biyu a zama ɗaya. Da aka gama kwashewa, Malam ya jona rumbun a akwatin wasa, talabijin ya yi baƙi, ya daɗe a haka har Lawwali ya fara salati a hankali. Sai ga koren fili ya bayyana.

Malam ya miƙa wa Lawwali abin bugawa ɗaya, ya riƙe ɗaya. Aka take wasa.

"Jama'a salamu alaikum, ga mu a hili, Jabiru ne ke magana, wanda bai biya ba ya matsa baya!"

Kofin ya karkace a hannun Malam Gide, ruwan ya zube masa a ƙafa, bai kula ba. Ya matso da bencinsa. Lawwali gwani ne, nan da nan ya zura ɗaya a raga, murya ta cika shago: "Ta shiga! Ta shiga! A kai wa mai tsaron gida ruwa, ya suma!" Tsohon yana kallon talabijin ɗin, ba ya ko ƙifta ido.

Malam Mas'ud kuwa, duk shekarun da ya yi a cikin gem, bai iya bugawa ba. Ƙwallo ta zo ƙafar ɗan wasansa a bakin raga, ya danna abin da ya danna, ta tashi sama ta wuce can bayan 'yan kallo. Sai muka ji Jabiru ya ce, "Subhanallahi! Ta tahi gonar Baba! Ku bi a hankali wajen ɗauko ta, kada ku taka mashi dawa, wahala ya sha kanta!"

Malam Gide ya ja hannun rigarsa ya rufe fuska. Babu wanda ya motsa, har 'yan wasan da ke fili suna tsaye suna jira. Can ya sauke hannun, ya ce, "Ni da nike cewa yaron ga ya manta da gona." Ya share ido ya dubi Malam. "Malam, sake sa ɗan wasan nan ya ɓarar da ita."

Haka aka yi. Manyan mutane biyu suka zauna suna ta harba ƙwallo sama da gangan, Jabiru yana ta aika ta gonar Baba, har aka kira azahar. Layin teloli gaba ɗaya ya tsayar da kekuna. Na yi kuka ranar, ba kuma ni kaɗai ba.

Tsohon ba shi da akwatin wasa, ba zai kuma iya da shi ba. Saboda haka Malam ya ce ya dawo kasuwa mai zuwa da ƙaramin rediyonsa da yake jin wa'azi, irin mai cin memori. Ya zauna da waɗannan idanun nasa da suka gaji, ya tsinto maganganun Jabiru ɗaya bayan ɗaya daga cikin gem ɗin, ya jera su a memori. Ya kuma ajiye irinsa a shago da gida, kamar yadda ya saba. Gem ɗin kansa, da Lawwali ya tambaya ko yanzu za a iya ba shi, Malam ya nuna tsohon ya ce, "Ga mai shi nan." Malam Gide ya ce a ba shi, a ba duk mai so, yaro ya ci gaba da surutunsa.

Malam Mas'ud, kai ne ka wanke hannu saboda kayan da masu shi ma ba su ɗauke shi a bakin komai ba. Kai ne ka yi ta kara rumbu a kunne kowace kaka, kana ɗauke ajiyar mutane daga mai mutuwa zuwa mai rai, ba wanda ya gani balle ya gode. An ce maka mai nawa, an ce maka mai taurin kai, ni kaina na faɗa, kuma ban janye ta farkon ba. Amma da ka yi sauri, ko da ka yi sassauci sau ɗaya, da ba mu ga abin da muka gani ba. Mai rumbu, mai riƙon amana, sannu da aiki.

A 'yan kwanakin nan yana ta aika wa masu gidajen gem na Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, kowa ya zo ya karɓi ajiyarsa kafin ya rufe. Wanda ba a san inda gudun hijira ya kai shi ba, ya ce nasa zai tafi da shi 'Yargoje, yana nan duk ranar da ya waiwayo. Ina kira ga matasan da suka shigo wannan sana'a, da mu masu sauran sana'o'in hannu: abin da aka ba ka ajiya ka ajiye shi wuri biyu, ka riƙa duba lafiyarsa ko mai shi bai tambaya ba, kada kuma ka miƙa wa wani don ya iya roƙo. Ba ka san abin da ke ciki ba, ba ka kuma san wanda zai zo nemansa ba.

Mun gode, Malam. Allah ya ƙara wa idanunka haske, ya sa albarka a gonarka, ya saka maka da mafificin alheri.

Lawwali ya biya ta Faskari makon jiya, ya ce mini bana babu faifai ko ɗaya a rataye a gonar Malam Gide, tsuntsaye ma sun ɗan yi masa ɓarna. Rediyo ne a rataye a reshen ɗorawa. Tsohon yana sunkuye yana aiki, Jabiru yana gargaɗin a bi a hankali, kada a taka wa Baba dawa.